Tsinin Formoso: Inda Kogin Kwara Ya Sadu da Teku

Idan ruwan sama ya sauka a Kontagora cikin watan Agusta, wani ƙasa takan shanye shi, wani kuwa ya gangara cikin rafuka. Rafukan su kai shi Kogin Kontagora, shi kuma ya miƙa shi ga babban Kogin Kwara, wanda ake rubutawa Neja a taswira. To, daga nan ina ruwan yake nufa? A yau kowannenku zai iya buɗe taswirar Nijeriya ya bi shuɗin layin kogin da yatsa har Tekun Atlantika. Amma shekaru 200 da suka wuce wannan tambaya ta gagari masana labarin ƙasa na Turai, mutane da yawa kuma suka rasa rayukansu wajen neman amsarta. A wannan darasi za ku karanta labarin wani wuri mai nisa a bakin teku, wato Tsinin Formoso, da yadda aka yi aka tabbatar cewa a yankinsa ne ruwan Kwara yake shiga teku.

Wurin da yanayinsa

Tsinin ƙasa shi ne wurin da ƙasa ta yi tsini ta kutsa cikin teku, ruwa ya kewaye ta dama da hagu da kuma gaba. A wasu ƙasashe irin wannan wuri dutse ne dogo wanda matuƙan jirgi suke hangowa daga nesa. Na Formoso kuwa shimfiɗaɗɗen rairayi ne da laka, da ƙyar ya ɗara ruwan teku tsawo. Yana cikin Ƙaramar Hukumar Brass ta Jihar Bayelsa, kusa da garin Akassa, a bakin Kogin Nun. Yana digiri 4 da ɗan kai arewa da ikwaita, Kontagora kuwa tana digiri 10 da ɗan kai. Ke nan nisan da ke tsakaninsu a miƙe ya kusa kilomita 700. A nan ne gaɓar tekun Nijeriya ta rabu gida biyu: yamma da shi Mashigin Benin, gabas da shi Mashigin Bonny, wanda ake kira Mashigin Biyafara kafin 1975.

Kogin Kwara ne ya gina wannan tsini da kansa. Mafarin kogin yana tsaunukan ƙasar Gini, kimanin kilomita 240 kacal daga teku. Maimakon ya bi wannan gajeriyar hanya, sai ya juya wa teku baya ya nufi arewa maso gabas. Ya ratsa Bamako da Segu, ya wuce kusa da Tambutu a ƙasar Mali, sannan ya karkato kudu ya bi ta Gao da Yamai, ya shigo Nijeriya ta Jihar Kebbi. Daga nan ya wuce Yawuri da Jebba, ya haɗu da Binuwai a Lakwaja, ya gangara Idah da Onica. Tsawonsa kimanin kilomita 4,180 ne, shi ne na uku a Afirka bayan Nilu da Kwango.

Duk tsawon wannan tafiya kogin yana ɗauke da laka da yashi. Kudu da garin Aboh sai ya rabu biyu, reshe ɗaya Forcados, ɗayan Nun, kowannensu kuma ya sake rarrabuwa. Da ruwa ya rabu sai gudunsa ya ragu, kayan da ya ɗauko su kwanta. Cikin dubban shekaru lakar ta taru ta tura teku baya, ta zama faffaɗar ƙasa mai siffar mafici. Ita ce ake kira Neja Delta, Tsinin Formoso kuwa yana can bakin maficin. Saboda haka wani kaso na ƙasar da ake takawa a can, daga gonakin arewa ruwa ya kwaso shi.

Yanayin wurin ya sha bamban da wanda kuka saba da shi a Jihar Neja. Ana ruwan sama a yawancin watannin shekara, yawansa ya ninka na Kontagora kamar sau uku. Bayan rairayin gaɓa akwai fadamu na ruwan gishiri, cike da wata irin bishiya wadda saiwoyinta suke tsaye a sarari kamar ƙafafun gizo-gizo. Sau biyu a rana teku yakan cika ya turo ruwa cikin fadamun, sannan ya janye. Mutanen Ijo ne mazauna yankin. Su ne sana'arsu tun kaka da kakanni, a da kuma sukan dafa ruwan teku su fitar da gishiri. Kwalekwale shi ne abin hawansu, da shi ake zuwa kasuwa da makaranta.

Zuwan Turawan Fotugal

Wajen shekarar 1472 jiragen Turawan Fotugal suka fara isowa wannan gaɓa. Su ne suka raɗa wa wurin suna Kabo Formoso, ma'ana kyakkyawan tsini. Har yau akwai sunayensu a taswirarmu: Legas daga kalmarsu ta tafkuna ce, Escravos kuwa ma'anarta bayi. Wannan suna na biyu ya isa ya nuna muku irin cinikin da aka daɗe ana yi a wurin. Bayan Fotugal sai Holan da Faransa da Ingila suka biyo, suna sayen barkono da hauren giwa da bayi, daga baya kuma manja.

Abin mamaki shi ne, fiye da shekara 350 jiragen Turai suna kai da kawowa a gaban Tsinin Formoso ba tare da sanin cewa bakin Kwara suke wucewa ba. Akwai dalilai huɗu. Na farko, kogin ba ya shiga teku ta ƙofa ɗaya. Wanda ke cikin jirgi yana ganin bakuna da yawa, kowanne kamar ƙaramin kogi mai zaman kansa. Na biyu, a kowane baki akwai tudun yashi a ƙarƙashin ruwa inda igiyar ruwa take karyewa da ƙarfi, jirgi mai tafiya da iska yana iya kifewa a kai. Na uku, zazzaɓin cizon sauro yana kashe Turawa da zarar sun kwana biyu a cikin fadamun. Na huɗu, sarakunan gaɓa, irin su na Nembe da Bonny, ba sa son baƙi su wuce su zuwa cikin ƙasa, domin arzikinsu ya dogara ne ga zama dillalai tsakanin jirage da kasuwannin ciki.

Kogi ɗaya, suna da yawa

A cikin ƙasa ma akwai abin da ya rikita baƙi. Kowace al'umma tana da sunan da take kiran kogin. Mutanen Mande na Mali suna cewa Joliba, Sanwai da Zabarmawa Isa Beri, Hausawa Kwara, Nufawa Edu, Yarbawa Oya, Ibo kuwa Orimili. Matafiyin da ya ji waɗannan sunaye zai ɗauka koguna shida ake nufi.

Don haka aka yi ta hasashe. Ibn Baɗɗuɗa, wanda ya ga kogin a Mali a 1352, ya kira shi Nilu, yana zaton shi ne yake wucewa har Masar. Hasan al-Wazzan, wanda Turawa suke kira Leo Africanus, ya rubuta a ƙarni na 16 cewa yamma yake gudu. Wasu suka ce a cikin wani tafki yake ƙarewa a tsakiyar Afirka, wasu kuma suka ce shi ne ya zama Kogin Kwango.

A 1788 aka kafa wata ƙungiya a Landan don binciken cikin Afirka. Ita ce ta aiko Mungo Park, wani likita ɗan Sikotilan. A watan Yuli na 1796 ya iso Segu ya ga kogin yana gudu gabas. Wannan ya warware rabin tambaya. A 1805 ya dawo da Turawa sama da 40, da niyyar bin kogin har ƙarshensa. Cuta ta cinye yawancinsu, har ya zama saura su 5 lokacin da suka shiga jirgi a Sansanding a watan Nuwamba. Suka yi tafiyar fiye da kilomita 1,500 a kan ruwa, suka wuce Yawuri. A farkon 1806 jirginsu ya maƙale a duwatsun Bussa, faɗa ya kaure tsakaninsu da mutanen da ke bakin kogi, Park da abokansa suka nutse. A 1816 aka tura wani ayari ya bi Kogin Kwango daga teku ko zai ɓulla a Kwara. Shugaban ayarin, James Tuckey, da mutanensa da dama suka mutu ba su gano kome ba game da Kwara.

Akwai wanda ya faɗi amsar daidai ba tare da ya taka Afirka ba. James MacQueen ya taɓa kula da gonar rake a tsibirin Grenada, can yankin Karebiyan. Ya riƙa tambayar bayin da aka kwaso daga Afirka ta Yamma labarin garuruwansu da kogunansu. A littafin da ya buga a 1821 ya ce Kwara tana shiga teku ne a wannan gaɓa ta Benin da Biyafara. Kaɗan ne suka yarda da shi, domin gani ya kori ji.

Sai kuma Hugh Clapperton, wanda ya ƙetaro Sahara ya iso Sakkwato a watan Maris na 1824. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya karɓe shi da karamci, suka tattauna batun kogin, har aka ba shi taswira. Sai dai Sarkin Musulmi bai ba shi izinin wucewa Yawuri da ƙasar Nufe ba. Clapperton ya sake dawowa ta Badagry a ƙarshen 1825, ya ziyarci Bussa a 1826, ya ƙetare Kwara, ya bi ta Kotonkoro da Zariya zuwa Kano. A lokacin garin Kontagora bai kafu ba tukuna, sai a 1864 Umaru Nagwamatse, jikan Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, ya kafa shi. Clapperton ya rasu kusa da Sakkwato a watan Afrilu na 1827, ya bar baransa Richard Lander.

Daga Bussa zuwa teku

Wannan bara ne ya ƙarasa aikin. A watan Maris na 1830 Richard da ƙanensa John suka sauka Badagry, a watan Yuni suka iso Bussa. Suka haura Yawuri neman takardun Mungo Park, suka yi makonni a can, sannan suka dawo. Ran 20 ga Satumba suka bar Bussa cikin kwalekwale suka bi ruwa.

Hausawa suna cewa da ɗan gari akan ci gari. Tare da su akwai wani dattijo Bagobiri mai suna Abubakar, wanda Turawa suke kira Pasko. An taɓa sayar da shi bawa, jirgin sojan ruwan Ingila ya ƙwato shi, ya yi aiki a jirgin ruwa, sannan ya raka Clapperton har Sakkwato. Shi ne tafintansu a wuraren da ake jin Hausa. Sarakunan Borgu ne suka taimaka musu da kwalekwale, matuƙan kowane yanki kuma suka riƙa kai su gaba suna miƙa su ga na gaba.

Suka wuce Rabba da Eggan a ƙasar Nufe. Ran 25 ga Oktoba suka ga wani babban kogi yana shigowa daga gabas, wato Binuwai. A farkon Nuwamba aka far musu kusa da Asaba, aka kwashe kayansu, aka kai su gaban Obi Osai, Sarkin Aboh. Wani basaraken Nembe, wanda Turawa suke kira King Boy, ya fanshe su bisa alkawarin za a biya shi a bakin teku. Ya ɗauke su cikin babban kwalekwalensa suka shiga fadamu. A nan suka lura ruwa yana cika yana janyewa, alamar teku ya kusa. A tsakiyar Nuwamba 1830 Richard ya isa bakin Kogin Nun, ya tarar da wani jirgin Ingila mai suna Thomas. Kyaftin ɗin jirgin ya ƙi biyan kuɗin fansar, King Boy ya koma hannu wofi a wannan karo. Da ƙyar jirgin ya haye tudun yashin bakin Nun ya fita teku. Ta haka aka tabbatar cewa kogin Tambutu da Yawuri shi ne kogin manja na gaɓar Formoso.

Sau da yawa za ku ji an ce Mungo Park ne ya gano Kwara. Ku yi nazarin wannan magana. Sarkawa da Gungawa na Yawuri, da Kyadya na Nufe, da Igala da Ijo, duk sun san kogin tun kafin a haifi Park. Kowace al'umma ta san rabonta na ruwan ciki da waje, kaya kuma suna tafiya hannu zuwa hannu daga gaɓa har ƙasar Hausa. Abin da su Lander suka ƙara shi ne, sun bi ƙasan kogin a tafiya ɗaya tun daga Bussa har teku, suka rubuta, aka buga a Landan a 1832, aka gyara taswira.

Abin da ya biyo baya

Wanda ya san ƙofa shi yake shiga gida. A 1832 wani attajiri, Macgregor Laird, ya kawo jirage biyu masu tafiya da tururi suka shiga ta bakin Nun. Sunayensu Quorra da Alburkah, wato Kwara da Albarka, kamar yadda kunnen Bature ya ji kalmomin. Daga cikin Turawa 48 na wannan tafiya 9 kaɗai suka tsira. Richard Lander kansa an harbe shi a cikin fadamun, ya mutu a tsibirin Fernando Po a 1834. A ayarin 1841 akwai Samuel Ajayi Crowther da James Schön, wanda ya buga littafin kalmomin Hausa a 1843. A 1854 Dakta William Baikie ya sa mutanensa shan kwinin kullum, suka shiga kogin suka fito ba wanda ya mutu. Daga nan zazzaɓi ya daina tsare ƙofa.

A 1886 gwamnatin Ingila ta ba kamfanin George Goldie, wato Royal Niger Company, ikon mulki da ciniki a kan kogin. Akassa ta zama babbar tasharsa. Kamfanin ya hana mutanen Nembe shiga kasuwannin da suka gada, har abinci ya yi musu wuya. Ran 29 ga Janairu 1895 Sarki Koko na Nembe ya tara kwalekwalen yaƙi ya auka wa Akassa. A wata mai zuwa sojan ruwan Ingila suka ƙone Nembe. Ran 1 ga Janairu 1900 gwamnati ta karɓi mulki daga hannun kamfanin, Lugga ya ɗaga tuta a Lakwaja, ya kafa hedkwata a Jebba. A farkon 1901 sojojinsa suka ci Kontagora, Sarkin Sudan Ibrahim Nagwamatse ya fita daga garin. Hanyar da su Lander suka bi suka gangara cikin kwalekwale, ita ce jiragen sojoji suka bi suka hauro bayan shekara 70.

A yau tsohuwar Bussa tana ƙarƙashin Tafkin Kainji tun da aka gama madatsar ruwa a 1968, mutanenta suka koma Sabuwar Bussa. A Akassa kuwa hasumiyar fitila ta zamanin Turawa tana nan a bakin teku. Tun da aka sami man fetur a Oloibiri a 1956, malalar mai tana ɓata fadamun da masunta suka dogara da su. Madatsun Kainji da Jebba da Shiroro suna ba mu wutar lantarki, amma suna tare wani kaso na lakar da a da take isa gaɓa. Idan lakar da ke zuwa ta ragu, igiyar ruwa takan ci ƙasa fiye da yadda kogi yake mayarwa. Wannan yana cikin dalilan da suka sa teku yake cinye gidaje da gonaki a garuruwan gaɓar Bayelsa.

Ma'anar kalmomi

Mafari: wurin da kogi ya soma.
Gaɓa: bakin kogi ko bakin teku.
Mashigi: wurin da teku ya lanƙwaso ya shigo cikin ƙasa.
Fadama: ƙasa mai kwari wadda ruwa yake kwanciya a kanta.
Su: kamun kifi. Mai yin sa shi ne masunci, jam'i masunta.
Dillali: mai shiga tsakanin mai saye da mai sayarwa.
Tafinta: mai fassara magana tsakanin mutanen da ba sa jin harshen juna.
Fansa: biyan dukiya don a saki wanda aka kama.
Hasashe: faɗin abin da ake zato ba tare da tabbaci ba.

Tambayoyi

1. Mene ne tsinin ƙasa? A wace jiha Tsinin Formoso yake?
2. Bayyana yadda Kogin Kwara ya gina Neja Delta.
3. Kawo dalilai huɗu da suka hana Turawa gane bakin Kwara daga teku.
4. Wace rawa Abubakar Pasko ya taka a tafiyar 1830?
5. Me ya sa Sarki Koko ya auka wa Akassa?
6. Yi amfani da karin maganar "da ɗan gari akan ci gari" a cikin jimla taka ta kanka.
7. Zana taswirar Kogin Kwara, ka nuna Yawuri da Kainji da Jebba da Lakwaja da Aboh da Akassa.
8. Me ake kiran Kogin Kwara a harshenku? Tambayi wani dattijo abin da ya sani game da kogin ko rafin garinku, ka rubuta layi goma da Hausa.